Shingen da zai hana duniya tufka da warwara: ku taya ni nemo ɓarakarsa

Sadiƙu:
Assalamu alaikum jama'a. Wata uku ke nan ina gina wata duniya a kaina saboda wani labari da nake son rubutawa, yanzu kuma na iso inda ni kaɗai ba zan iya ba. A duniyar nan mutane suna iya komawa baya a zamani, suna kuma da wata irin magana wadda in aka furta ta sai ta tabbata. Kun ga ke nan ƙofar tufka da warwara a buɗe take ta ko'ina. Mutum ya koma baya ya hana iyayensa haɗuwa, to wa ya koma ɗin? Wani ya furta cewa "wannan maganar tawa ba za ta tabbata ba", to ta tabbata ko ba ta tabbata ba?

Sai na ƙago wani tsari na sa masa suna Shinge. Ba halitta ba ne, ba kuma na'ura ba, dokoki ne kawai da duniyar ke tafiya a kansu, kamar yadda dutse ke faɗowa ƙasa ba tare da ya yi shawara ba. Ta farko, abu ba zai kasance kuma ya zama bai kasance ba a lokaci guda, ta fuska guda. Ta biyu, kowace magana tana da hawanta kamar benen gini, ba ta yin hukunci sai a kan maganar da ke ƙasa da ita, don haka ba ta taɓa magana a kan kanta. Ta uku, abin da ya faru ya faru, wanda ya koma baya ba zai goge komai ba. Ta huɗu, babu abin da zai zama sanadin kansa.

Don Allah kada ku ji nauyina. Ku nemo mini inda shingen nan yake da kafa, gara na gani yanzu da mai karatu ya gano mini daga baya.

Malama Hauwa:
Wa alaikumus salam Malam Sadiƙu. Tambaya ɗaya kafin komai: ita dokarka ta biyu a wane hawa take zaune? Ta ce "kowace magana". Ita ma magana ce. Ke nan ta yi hukunci a kan kanta, abin da ita kanta ta hana.

Sadiƙu:
Malama, wallahi ban taɓa kallon ta ta nan ba. Zan iya cewa dokokin Shinge suna can sama da dukan hawa, ba sa cikin ginin.

Malama Hauwa:
Za ka iya faɗa, amma jimlar da ka yi yanzu, "dokokin Shinge suna sama da dukan hawa", ita kuma a ina take? Dole ta fi su tsayi tun da a kansu take magana. Haka za ka yi ta ɗora bene a kan bene.

Kada ranka ya ɓaci, manya sun riga ka faɗawa wannan rami. Gottlob Frege na Jamus ya kwashe shekaru yana ƙoƙarin kafa lissafi gaba ɗaya a kan manɗiƙi, wato ilimin ƙa'idojin kafa hujja. Mujalladi na biyu na aikinsa yana wajen masu ɗab'i sai ga wasiƙa daga Bertrand Russell na Ingila, a watan Yunin 1902. Tambaya ce gajeriya. A tsarin Frege kowace siffa tana da rukuninta, wato taron duk abubuwan da ke da siffar. To a ɗauko rukunin duk rukunan da ba sa cikin kansu. Shi yana cikin kansa? In yana ciki, bai cancanci shiga ba. In ba ya ciki, ya cancanta. Frege ya amsa cewa harsashin da ya so ya ɗora lissafi a kai ya girgiza, ya ƙara bayani a ƙarshen littafin da ya fito a 1903 yana amsa matsalar da bakinsa. Ina girmama mutumin nan saboda wannan fiye da komai.

Maganin da Russell ya kawo a 1908 shi ne naka sak: hawa-hawa, kowane abu ba ya magana sai a kan na ƙasa da shi. Alfred Tarski ɗan Folan ya yi irinsa ga kalmar "gaskiya" a 1933, ya nuna cewa harshe irin na lissafi ba zai iya ɗauke da cikakkiyar ma'anar gaskiyar kansa ba, sai an hau wani harshen da ke samansa. Maganin yana aiki, amma dubi abin da yake ci. "Wannan jimla da Hausa take." Laifin me ta yi? Gaskiya ce tsantsa, kuma Shingenka ya haramta ta. Ka kori ɓarawo ka haɗa da masu gida.

Baba Ladan:
Madalla da wannan zama. Ɗana Sadiƙu, ni ba a dokokin nake da ja ba, a sunan nake da shi. Shinge ana yin sa ne saboda akwai abin da zai tsallako. To me ke bayan naka?

A karatun tauhidi mun koya cewa hukuncin hankali uku ne: wajibi, mustahili da ja'izi. Mustahili shi ne abin da hankali ba ya iya sawwala samuwarsa. Ba wata dabba ba ce da aka ɗaure a bayan gari tana neman hanyar shigowa. Babu shi ne kawai. Akwai misalin da ake ba wa ɗalibai don sauƙaƙa matsalar da Malama ta kawo: wanzamin da ke yi wa duk wanda ba ya yi wa kansa aski, kuma su kaɗai yake yi wa. Wa ke yi wa wanzamin? Mutane su yi ta juya kai. Amsar kuwa ita ce babu irin wannan wanzami, ba a taɓa yi ba, ba za a yi ba. Ba wanda ya tsare hanya ya hana a haife shi. Baki ne ya haɗa kalmomi, duniya ba ta taɓa ɗauka ba.

Arisɗo, wanda kuke cewa Aristotle, shi ya fara rubuta dokarka ta farko a tsare, kuma ya ce ba a kafa mata hujja domin kowace hujja a kanta take tsaye. Ibn Sina, da ya rasu a 1037, ya fi shi zafi. Cewa ya yi wanda ya yi taurin kai ya musa ta, a doke shi a sa shi a wuta, tun da a wurinsa duka da rashin duka ɗaya ne. Ba zalunci yake koyarwa ba, nunawa yake cewa mai musun ma fatarsa ba ta yarda da bakinsa ba.

Nura:
Baba, da girmamawa, akwai masu musun kuma ba mahaukata ba ne. Graham Priest tun 1979 yake kare ra'ayin cewa wasu zantuka kaɗan, irin "wannan zance ƙarya ne", gaskiya ne kuma ƙarya ne a lokaci guda, a karɓe su haka a wuce. Kafin shi Stanisław Jaśkowski a 1948 da Newton da Costa na Barazil sun gina manɗiƙin da karo ɗaya ba ya rushe shi. Me ya sa Yaya Sadiƙu ba zai bar 'yar tufka da warwara ta zauna a wani lungu na duniyarsa ba? Me za ta ci masa?

Malama Hauwa:
Za ta ci komai, in dai manɗiƙin da muka saba ne. Duba. A ce an yarda "ana ruwa" kuma an yarda "ba a ruwa". Daga ta farko zan iya cewa "ko dai ana ruwa, ko wata ya faɗo ƙasa", tun da ɓangare ɗaya gaskiya ne. Daga ta biyu na san ba a ruwa, to saura ɗaya ke nan: wata ya faɗo ƙasa. Ka cire wata ka sa duk abin da kake so, zai fito. Karo ɗaya tak ya isa ya mai da kowace ƙarya gaskiya. Su Priest sun tsira ne ta hanyar ƙin yarda da takun nan na ƙarshe a inda karo yake.

Nura:
To ai sun tsira ɗin.

Baba Ladan:
A kan takarda, ɗana. Sadiƙu ba takarda yake tsaro ba, mutane yake so su rayu a ciki. Ka gaya mini yadda mace za ta kasance ta haifi ɗa kuma ba ta haife shi ba, sannan ka gaya mini wa take goyo.

Injiniya Bashir:
Na makara, amma na karanta duka. Ni aikina rubuta manhaja ne, bari in kawo abin da ido zai gani, kowa zai iya gwadawa a kwamfutarsa yau. Ku buɗe Excel. A gidan farko, wato akwatin farko na jadawalin, ku rubuta cewa ƙimarsa ita ce ƙimar gidan nan ɗin a ƙara 1. Nan take zai yi muku kashedi cewa lissafin yana komawa kan kansa. Wannan ita ce dokar Malam Sadiƙu ta biyu: da'ira haramun ce, ko wace iri.

Amma a cikin saituna akwai inda za ku ba shi izinin maimaita lissafin, sau 100 yake yi in ba ku canza ba. Ku kunna, sai ku gwada da'ira uku.

Gida daidai yake da kansa a ƙara 1. Zai yi ta hawa, 100, 200, 300, duk lokacin da ya sake lissafi. Ba ya zama, domin babu lambar da take daidai da kanta da ƙarin ɗaya.

Gida daidai yake da rabin kansa a ƙara 1. Ku duba abin da ke faruwa: 1, sai 1.5, sai 1.75, sai 1.875, yana matsowa yana matsowa har ya kwanta a kan 2. Rabin 2 a ƙara 1, 2 ne. Da'ira ce, tana magana a kan kanta, kuma lafiya lau take.

Na ukun shi ne ya hana ni barci ranar da na fara lura da shi. Gida daidai yake da 1 a debe kansa. Zai yi ta tsalle, 1, 0, 1, 0, kamar maƙaryacin nan da in ka ce ya yi gaskiya sai ya zama ƙarya, in ka ce ƙarya sai ya zama gaskiya. Amma ku ɗauki biro ku warware shi: akwai amsa, rabi ce. 1 a debe rabi, rabi. Na'urar ba ta gan ta ba ne kawai saboda daga sifili ta faro.

Don haka shawarata ita ce a soke doka ta biyu. Kada a hana da'ira. A ce kawai: da'irar da ke da mazauni, wato amsar da ta dace da kanta, tana samuwa, wadda ba ta da shi ba ta samuwa.

Sadiƙu:
Injiniya, ka buɗe mini ido. To me zai hana Shinge ya riƙa duba kowace da'ira kafin ta fara, in ya ga ba za ta zauna ba ya datse ta?

Injiniya Bashir:
Nan kuma Alan Turing ya riga ya rufe ƙofar tun 1936. Ya tabbatar babu wata hanyar lissafi guda da za a ba ta kowace manhaja ta faɗi ko za ta tsaya ko za ta yi ta gudu har abada. Hujjarsa ma da irin maƙaryacin nan ya gina ta: in akwai irin wannan mai dubawa, sai a rubuta manhajar da za ta tambaye shi "me zan yi?" sannan ta yi akasin abin da ya ce. Saboda haka in Shingenka mai gadi ne da ke bin doka taku-taku yana bincike a bakin ƙofa, akwai baƙon da zai tsayar da shi har abada. Maganar Baba ce ta dawo: kada ka sa mai gadi. Abin da ba shi da amsa babu shi, shi ke nan.

Ummi:
Sannunku iyaye da yayye. Ni ɗalibar kimiyyar fiziks ce, kuma abin da Injiniya ya nuna ya sa tsigar jikina ta tashi, domin masana sun yi wannan gwajin da zamani kansa.

Tun 1949 Kurt Gödel ya samo wata amsa ga lissafin Einstein inda sararin samaniya gaba ɗaya yake juyawa, kuma a cikinsa akwai hanyar da in ka bi ta kana tafiya gaba za ka iso jiyanka. Tamu duniyar ba irin wannan ba ce, amma ya nuna lissafin bai haramta abin ba. Daga baya Igor Novikov na Rasha ya kawo ƙa'idar da take daidai da dokar Yaya Sadiƙu ta uku: in akwai hanyar komawa baya, abin da kawai zai iya faruwa shi ne abin da ya dace da kansa daga farko har ƙarshe.

Joseph Polchinski ya ƙalubalanci wannan da misalin da babu mutum a ciki, don kada a fake da zancen niyya. Ƙwallon sunuka ne. Ka buga shi ya faɗa wani rami da ke fitar da shi daƙiƙa kaɗan a baya, a saitin da zai fito ya bangaje kansa na farko ya kautar da shi daga ramin. In ya kauce bai shiga ba, to wa ya bangaje shi? Kip Thorne da ɗalibansa biyu, Echeverria da Klinkhammer, suka zauna suka yi lissafin, suka buga sakamakon a 1991. Ga abin da suka gani: ƙwallon yana fitowa daga ramin a ɗan karkace, sai ya gogi na farkon kaɗan maimakon ya bangaje shi. Gugar nan ta sa na farkon ya shiga ramin a ɗan karkace. Shi ya sa ya fito a ɗan karkace. Da'irar ta rufe, babu abin da ya karye, babu wanda ya sa hannu.

Wannan ita ce 2 ɗin Injiniya. Rabin ma akwai ta: David Deutsch a shekarar 1991 ɗin ya nuna cewa in aka sa lissafin ƙwantum, wato fiziks ɗin ƙananan abubuwa irin ƙwayar zarra, mai komawa ya hana haihuwar kansa yana samun mazauni a kan yiwuwar rabi da rabi.

Nura:
Ƙanwata, ƙwallo ba shi da zuciya. Ni ga abin da ke damuna da doka ta uku. Mutum ya koma baya, ga shi ga kakansa, hannunsa lafiya, niyyarsa cikakkiya. Me zai riƙe hannun? In ya gwada sau ɗaya ya kasa, na yarda, tsautsayi ne. In ya gwada sau dubu ya kasa sau dubu, kullum da wani sabon dalili, wannan ba doka ba ce kuma, makirci ne. Duniyar ta zama kurkuku mai murmushi.

Baba Ladan:
Ba a riƙe hannun kowa ba. Jiya ka yi abin da ka yi da zaɓinka, yau ba za ka iya sauya shi ba. Rashin iya sauyawar ya mai da kai wanda aka tilasta jiya? A'a. Mai komawa baya shi ma haka ne, sai dai abin da zai zaɓa gobensa ya riga ya zama jiyan wasu. Kasawar dubu da kake ƙirgawa, kai ka fara da cewa kakan ya rayu, sannan ka ƙara cewa an kai masa hari dubu. Duk labarin da ya haɗa waɗannan biyun dole ya cika da kuskuren hari. Ba makirci ya kawo su ba, sharaɗin da ka gindaya ne.

Nura:
Na fahimci hujjar, Baba, amma zuciyata ba ta kwanta ba. Wanda ke ciki zai ji kamar bango ne, ko me muka kira shi daga waje.

Ummi:
Stephen Hawking ma bai kwanta da ita ba, Yaya Nura. Shi a 1992 cewa ya yi mai yiwuwa dokokin halitta ba sa ma barin a ƙera hanyar komawa bayan tun farko, da zarar ta kusa buɗewa sai ƙarfin da ke taruwa a bakinta ya rushe ta. Hasashe ne, ba a tabbatar ba. A 2009 ya shirya liyafa a Kambirij don masu zuwa daga gaba, bai fitar da gayyata ba sai bayan an tashi. Ba wanda ya zo.

Malama Hauwa:
Ina so in dawo kan rabin nan kafin mu yi murna da yawa, domin can ne ainihin ciwon yake. Ba wa zance daraja ta uku tsakanin gaskiya da ƙarya tsohuwar dabara ce, Jan Łukasiewicz ya yi ta a 1920. Tana kwantar da "wannan zance ƙarya ne". To ga ƙaninsa: "wannan zance ba cikakkiyar gaskiya ba ne." Ku ba shi rabi. Rabi ba cikakkiyar gaskiya ba ce, ke nan abin da ya faɗa daidai ne ɗari bisa ɗari, ke nan darajarsa 1 ce ba rabi ba. Ku ba shi 1, ya zama ya yi ƙarya. Ku ba shi kowace lamba, zai tashi daga kanta. Duk maganin da aka kawo, sai maƙaryacin ya ari kalmomin maganin ya sake ɗinka kansa da su.

Me ya bambanta shi da ƙwallon Ummi? Na daɗe ina tunanin wannan. Ƙwallon yana da tsaka-tsaki mara yankewa. Tsakanin bangaza da rashin taɓawa akwai guga mai ƙarfi, guga mai sauƙi, da duk abin da ke tsakaninsu. Ka ƙara kaɗan a nan, sakamako ya canza kaɗan a can. Akwai ƙa'idar Brouwer ɗan Holan da ta ce a irin wannan hali, in komai yana canzawa a hankali ba tsalle, kuma yana komawa cikin fili guda mai iyaka wanda ba shi da huji, dole a samu aƙalla wuri ɗaya da bai gusa ba. Ku shimfiɗa taswirar ɗaki a ƙasan ɗakin, ko kun cukwikwiye ta, akwai ɗigo ɗaya a jikinta da yake daidai saman wurin da yake nunawa.

Amma "cikakkiyar gaskiya ko a'a" ba ta da tsaka-tsaki. Kaifi gare ta kamar wuƙa. Daga 0.999 zuwa 1 hukunci yana tsalle daga wannan gefe zuwa wancan. A bakin kaifin nan ne mazauni ke ɓacewa. Malam Sadiƙu, tafiyar zamaninka za ta iya tsira domin jiki da dutse da iska ba su da irin wannan kaifi. Maganarka mai tabbata ce ke cikin haɗari, domin harshe cike yake da shi. Kalmar "ba" kaɗai ta isa.

Sadiƙu:
Na karanta wannan sau uku, Malama. Ke nan matsaloli biyu na haɗa a buhu ɗaya ina zaton ɗaya ce.

Ga abin da nake gani yanzu. Maganar da aka furta ba ita ce ke tabbata kai tsaye ba, sai ta bi ta jikin duniya, ta iska da hannu da lokaci. In tana da hanyar zama, ta zauna. In ba ta da shi, kamar "wannan maganar tawa ba za ta tabbata ba", sai ta fita daga baki a matsayin sauti kawai, kamar wanzamin Baba. Mai furtawa zai ji muryarsa, ba abin da zai motsa. Ba a hukunta shi ba, ba a toshe masa baki ba, bai dai faɗi komai ba ne.

Saura tambaya ɗaya da nake jin tsoronta. Mutanen cikin duniyar za su iya tabbatar wa kansu cewa Shinge ba zai taɓa karyewa ba?

Malama Hauwa:
In dokokin a rubuce suke ƙayyadaddu, kuma suna da ƙarfin da zai ɗauki lissafin tarawa da ninkawa, to a'a. Gödel ɗin da Ummi ta ambata ya tabbatar a 1931 cewa irin wannan tsari, in ba shi da karo, ba zai iya kafa hujjar rashin karonsa da kayan aikinsa kaɗai ba. Masanan duniyarka za su rayu a cikin gida mai ƙarfi, su ga bai taɓa tsagewa ba, amma takardar shaidar ƙarfinsa ba a cikin gidan take ba. Ni a wurinka ba zan ɓoye wannan ba. Zan sa shi a bakin wani tsoho a cikin labarin.

Injiniya Bashir:
Kafin a tashi, ba wanda ya taɓa doka ta huɗu, kuma ina ganin ita ce za ta fi ba ka wahala. Akwai da'ira ta huɗu da ban kawo ba: gida daidai yake da kansa. Ba ƙari, ba ragi. Kowace lamba amsa ce. 5 ta yi, miliyan ta yi. Babu karo ko kaɗan, amma wa ya zaɓi lambar?

A labari ga yadda take zuwa. Tsohuwa ta koma baya ta miƙa wa yarinya littafi. Yarinyar ta adana shi, ta tsufa, ta koma baya ta miƙa wa yarinyar, wadda ita ce. Komai ya dace da komai. To wa ya rubuta littafin? Sabuwar dokarmu ta "abin da ke da mazauni yana samuwa" ta buɗe wa wannan ƙofa gaba ɗaya.

Ummi:
Su Thorne ma sun ci karo da haka. Sun shiga neman ko akwai amsa ɗaya, sai suka tarar a wasu saitunan amsoshin ba su ƙirguwa. Ƙwallo ɗaya, bugu ɗaya, tarihi masu yawa da kowanne ya dace da kansa. Amma Injiniya, littafinka na takarda yana da mafita: takarda tana tsufa. Wanda tsohuwar ta miƙa ya girmi wanda yarinyar ta karɓa da shekara sittin, alhali an ce shi ne shi. Wannan gida ne daidai da kansa a ƙara 60, ba shi da mazauni. Sai dai in yarinyar kwafe shi ta yi da hannunta a sabuwar takarda. A nan kam takardar tana da asali, tawadar tana da asali, kalmomin ne ba su da shi.

Baba Ladan:
'Yata, a nan ni zan tsaya da ƙafafuna biyu. Ilimin da ba shi da mai shi ban yarda da shi ba, ko lissafi ya ƙyale shi. Malaman manɗiƙi suna kiran wannan dauru, abu ya dogara da abin da ya dogara da shi, kuma a wurinsu ɓatacce ne. Sadiƙu, ka bar dokarka ta huɗu yadda take.

Nura:
Amma Baba in aka bar ta yadda take, gugar ƙwallon ma ta faɗi. Karkacewar ita ce sanadin karkacewar.

Sadiƙu:
Nura ya yi gaskiya, kuma Baba ma ina tare da shi, don haka sai na raba. Ƙwallon akwai wanda ya buga shi daga wajen da'irar, kuma girman karkacewar daga ƙarfin bugun da faɗin ramin ake lissafo shi, da'irar ba ta ƙago komai daga babu ba. Littafin kuwa shafi ɗari uku ne na magana da ba ta shigo ta ko'ina ba. Zan gyara doka ta huɗu ta zama: in amsoshi sun yi yawa, wadda ke samuwa ita ce wadda ba ta ɗauke da wani abu da bai shigo daga waje ba. Na san Malama za ta tambaye ni da wane ma'auni za a auna wannan, kuma ba ni da shi tukuna.

Amma babin da ya tsaya mini ya warware. Matar da ke cikin labarin za ta koma shekara ashirin baya don ta hana kanta aika wata wasiƙa da ta raba ta da 'yar'uwarta. Da na shirya iska ta fizge takardar, ko ƙofa ta ƙi buɗuwa, irin makircin da Nura ya ƙi. Yanzu ba haka ba. Za ta isa, za ta yi magana da yarinyar ta bayan labule ba tare da ta nuna fuska ba, za ta roƙe ta. Yarinyar za ta saurara, ta koma ta zauna, ta soke layi biyu mafiya zafi, ta aika sauran. Matar kuwa tun farkon littafin tana tuna cewa a daren nan wata murya ta sa ta soke layi biyu, ba ta taɓa sanin ta wace ce ba.

Injiniya, don Allah turo mini hoton gidajen nan huɗu da lambobinsu yadda suka fito a allonka. Ina so in ga na ukun yana tsalle da idona kafin in rubuta mai maganar da ba ta motsa komai ba.